Fitsarin da Ya Yi Ja Ya Washe: Yadda Tsokar Ƙoda Ta Tona Cutar IgA a Jikin Wani Matashi

Shekararsa 26 ranar da ya fara zama a gabana, kuma ba ciwo ne ya kawo shi ba. Gwajin lafiya aka nema a wurin da zai kama aiki. An tsoma ɗan tsinken gwaji a fitsarinsa ya nuna jini da furotin, ma'aikaciyar jinya ta auna jininsa ta ga 148 bisa 94, ta ce ba za a sa hannu a takardarsa ba sai ya ga likitan ƙoda. Ya shigo da takardar a naɗe a hannu, kana ganin fuskarsa ka san gani yake ɓata masa lokaci ake yi. Ƙafa ba kumburi, fuska ba kumburi, kwiɓi ba ciwo. "Likita, ni fa lafiyata ƙalau," in ji shi. In dai abin da jikinsa ke gaya masa ne, gaskiya ya faɗa.

Sai da na tambaye shi sau biyu ko fitsarinsa ya taɓa canza launi sannan ya tuna. Shekara uku da suka wuce ya yi mura mai zafi da ciwon maƙogwaro, washegari da safe fitsarin ya fito da duhu, kalar ruwan tsatsa. Ba zafin fitsari, ba gudan jini. Ya tsorata ya je wani asibiti, aka ce ciwon sanyi ne, aka ba shi maganin kashe ƙwayoyin cuta na kwana biyar. A rana ta huɗu fitsari ya washe, kowa ya ɗauka magani ne ya yi aiki. Bayan kamar shekara abin ya sake dawowa, shi ma a kan mura. Wannan karon bai je ko'ina ba, ya jira ya wuce, ya kuma wuce ɗin.

A duk bayanin da ya yi, kalmar "washegari" ce ta fi tsaya mini. Akwai wani kumburin ƙoda da kan biyo bayan ciwon maƙogwaro, amma shi yakan jira mako ɗaya zuwa uku bayan ciwon maƙogwaron kafin fitsari ya canza, ya fi kama yara, kuma da wuya ya maimaita kansa. Wanda ke zuwa tare da murar, cikin kwana ɗaya zuwa uku, ya lafa da kansa, ya sake dawowa da wata murar, wannan tafiyar cutar IgA ce, wato cutar da wani sinadarin garkuwar jiki mai suna IgA ke taruwa a matatan ƙoda, ƙananan sassan da ke tace jini. Maganin da aka ba shi bai tsinana komai ba. Jinin da ido ke gani ne ya ɗauke, wanda ido ba ya gani bai daina zuba ba har tsawon shekara uku. Abin da ya fi ci mini rai shi ne a cikin tsoffin takardun da ya kawo mini daga baya, sakamakon fitsarin wancan lokacin ya nuna furotin, an rubuta shi ƙarara, amma ba wanda ya ce masa ya dawo bayan wata guda a sake dubawa.

Abin da gwaje-gwaje suka nuna

Na ɗauki fitsarinsa na safe na duba da kaina a maikuroskof. Jajayen ƙwayoyin jinin da ke fitowa daga mafitsara ko daga raunin tsakuwa sukan zo da siffarsu daidai, zagayayyu sumul. Nasa a lanƙwashe suke, wasu da ƙulle-ƙulle a gefe, irin waɗanda suka kutsa ta ƙaramar kafa da ƙyar. Na kuma ga wasu sun dunƙule sun yi siffar ɗan bututu, wato sun daskare ne a cikin ƙananan bututun ƙoda suka fito da siffarsu. Wanda ya ga wannan ya san daga matatan ƙoda jinin yake, ba daga ƙasa ba. Ba ƙwan tsargiya, ba ƙwayar cuta da ta tsiro da aka shuka fitsarin, sikanin bai nuna tsakuwa ko ƙari ba, kuma ƙoda biyun girmansu daidai.

Fitsarin awa 24 ya nuna yana zubar da furotin giram 1.8 a rana, alhali mai lafiya ba ya wuce giram 0.15. Kiratinin ɗinsa, wato dattin da ƙoda ke tacewa daga jini, 1.4 ne, wanda in aka lissafa da shekarunsa ya ba da ƙarfin tacewar ƙoda kusan 71. Matashi kamarsa ya kamata a same shi sama da 90, galibi ma sama da 100. Sinadarin garkuwa da ake kira C3 daidai yake a jininsa, wanda ya ƙara nisanta mu daga kumburin bayan ciwon maƙogwaro da kuma lufus, cutar da garkuwar jiki ke far wa jikin kansa, domin a cikinsu yakan yi ƙasa. Gwajin ciwon hanta na B da C, da na ƙanjamau, da na sikila, duk ba komai. Hantarsa lafiya lau. Ba kurma a danginsa, ba wanda aka taɓa yi wa wankin ƙoda, abin da na tambaya saboda cutar Alport da ake gado.

Ya tambaye ni abin da kusan kowa ke tambaya: tunda IgA a cikin jini yake, me zai hana a auna shi a jini a huta? An auna, ya ɗan haura. Amma wannan ba hujja ba ce. Kusan rabin masu cutar ne kawai IgA ɗinsu ke hawa a jini, kuma yana hawa a wasu cututtukan da ba ruwansu da ƙoda. Ana tabbatar da wannan cuta ne ta hanya guda: a ciro ɗan tsokar ƙoda da allura, abin da ake kira bayofsi, a ga IgA ɗin a kwance a cikin matatar ƙodar kanta. Ba don kowane jinin fitsari ake huda ƙoda ba. Da jini ne kaɗai, ba furotin, ba hawan jini, aikin ƙoda cikakke, da sai in bar shi da gwajin shekara-shekara. Amma furotin ɗinsa ya kai giram 1.8, jini ya hau, tacewa ta ragu. Ba ni da dalilin jira.

Ranar ɗaukar tsoka

Da yayansa ya zo ranar da za mu yi maganar bayofsi. Yayan ya saurara har na gama, sannan ya ce, "Likita, ka gafarce ni, yanka shi za a yi a ciro ƙodar?" Na ɗauko irin allurar da ake aikin da ita, wadda ba a buɗe ba, na nuna musu ɗan ramin da ke kusa da bakinta. Abin da za a ciro bai kai kaurin tsinken ashana ba, tsawonsa santimita ɗaya zuwa biyu. Kowace ƙoda tana da matata kusan miliyan guda, mu kuma goma sha wani abu muke nema. Ban ɓoye musu haɗarin ba: ƙoda gaɓa ce mai yawan jini, wasu kan ga ja a fitsari kwana ɗaya ko biyu, kaɗan ne ke buƙatar ƙarin jini, waɗanda sai an toshe musu jijiya kuwa sun fi haka ƙaranci. Shi ya sa muka fara saukar da jininsa da magani, muka duba daskarewar jininsa, muka tabbatar bai sha asfirin ko makamancinsa ba har mako guda.

Ya kwanta rub da ciki, matashi a ƙarƙashin cikinsa. Da sikanin muka nemo ƙasan ƙodar hagu, inda manyan jijiyoyi suka fi nisa. Aka wanke wurin, aka yi allurar kashe zafi tun daga fata har zuwa jikin ƙodar. Kafin in shiga na harba allurar a iska don ya ji ƙarar, wani "ƙwas" mai ƙarfi, saboda na sha ganin wanda ya zabura ba don zafi ba sai don ƙarar ta zo masa ba zato. Ƙoda tana hawa da sauka da numfashi, don haka na ce, "Ja numfashi, riƙe." Hannunsa ya damƙe bakin gado. Ƙwas. "Saki." Sau biyu muka yi. Tsokar ta fito kamar ɗan jan zare, mai duba ta ya ɗora ta a ƙarƙashin madubi ya ce yana ganin ɗige-ɗigen matata, sun isa. Ya kwanta rigingine awa shida ana auna jininsa, ana duba kowane fitsari da ya yi. Na biyu ya ɗan yi ja-ja, na uku ya washe. Aka sallame shi da sharaɗin ba ɗaukar kaya mai nauyi, ba ƙwallo, har mako biyu.

Wannan ɗan zaren kashi uku ake raba shi, kuma in aka yi kuskure a nan an yi aikin banza. Kashi ɗaya a fomalin, ruwan da ke adana nama, don yankawa da rinawa a duba da maikuroskof na yau da kullum. Na biyu ba a sa shi a fomalin, ana daskarar da shi ko a sa shi a ruwa na musamman, don gwajin da ke sa sinadaran garkuwa su yi ƙyalli. Na uku a wani ruwan daban, don maikuroskof na elektiron. Na biyun nan shi ne ke ba cutar sunanta.

Abin da madubi ya nuna

Na je ɗakin masu nazarin tsoka na gani da idona. Matatar ƙoda kamar ƙullin zare take, zaren kuwa ƙananan jijiyoyin jini ne, a tsakaninsu akwai wani nama da ke riƙe su, shi ake kira mesanjiyam. Aka kashe fitila, aka kunna na'urar. A cikin duhun sai ga kowace matata ta haska kore shar, hasken ya bi tsakiyar ƙullin ya rarrabu kamar rassan bishiya. Wannan rinin na IgA ne. Na C3 ya haska a wuri guda amma bai kai shi ba, na wasu sinadaran garkuwa biyu kuwa, IgG ɗan kaɗan, C1q shiru. Shirun C1q yana da amfani, domin a lufus yakan haska tare da sauran duka. Maikuroskof na elektiron ya nuna dunƙule-dunƙule masu duhu a cikin mesanjiyam ɗin, bangon jijiyoyin kuma kaurinsa daidai.

Irin wannan hasken ne Jean Berger da Nicole Hinglais suka bayyana a asibitin Necker da ke birnin Paris a 1968, shi ya sa har yau wasu ke cewa cutar Berger. Ita ce ta fi yawa a duniya a cikin kumburin matatan ƙoda da ke tasowa daga ƙodar kanta. An fi samunta a gabashin Asiya, Japan da Sin da Koriya, sai Turai, an fi ƙarancin rubuta ta a Afirka. Gado yana da hannu a wannan bambanci, amma yawan dubawa ma yana da hannu: a Japan tun shekarun 1970 ake gwada fitsarin 'yan makaranta, kuma cutar da ba a gane ta sai da bayofsi ba za ta shiga lissafi ba a inda ba a cika yin bayofsi ba.

Shi IgA ba abokin gaba ba ne. Shi ne mai gadin hanci da maƙogwaro da hanji, duk inda jiki ke haɗuwa da abin da ya shigo daga waje. A jikin masu wannan cuta ana ƙera wani kaso na nau'insa na farko, IgA1, da naƙasa: a wuyansa, inda ya kamata a liƙa wani sukari mai suna galaktos, sai a bar gurbi. Garkuwar jiki ta ga gurbin ta ɗauka baƙo ne, ta ƙera makamin da zai kama shi. Su biyun su sarƙe su zama dunƙule, hanta ta kasa kwashe su yadda ya kamata, jini ya kai su ƙoda su maƙale a mesanjiyam. Daga nan kumburi, sai yoyon jini da furotin, sai tabo. Wannan ya bayyana abin da ya faru da shi a kan mura: maƙogwaro ya kamu, jiki ya ƙara ƙera IgA, mai naƙasar ma ya ƙaru, ƙoda ta sha lodi cikin kwana guda.

Ganin IgA kaɗai bai rufe magana ba. Ana samunsa a ƙodar masu tsananin ciwon hanta, da masu wasu cututtukan hanji, da masu cutar da ke fesa jajayen ɗige-ɗige a ƙafafu da ɗuwawu tare da ciwon ciki da na gaɓoɓi, wadda a madubi ba ta da bambanci da wannan ko kaɗan. Har a ƙodar wasu masu lafiya da suka ba da kyautar ƙoda an gan shi zaune bai yi ɓarna ba. Shi ya sa sai an haɗa madubi da mutumin. Nasa ba ƙuraje, ba ciwon hanta, ba na hanji.

Amma ba sunan cutar ne ya fi taɓa ni ba, domin tun ranar farko na yi zarginsa. Sauran rahoton ne. Matata 18 aka samu, 4 sun riga sun mutu sun zama dunƙulen tabo. Tun 2009 ake auna irin wannan tsoka da ma'aunin Oksfod mai haruffa huɗu, wanda daga baya aka ƙara masa na biyar, kuma yana buƙatar aƙalla matata 8. Kowane harafi ana ba shi lamba: 0 ita ce mafi sauƙi, in ta hau ɓarnar ta fi yawa. M na nufin yawaitar ƙwayoyin mesanjiyam, nasa M1. E kumburi ne a cikin jijiyoyin matata, nasa E0. S tabo ne a wani ɓangare na matata, nasa S1. C wani kumburi ne mai siffar jinjirin wata da ke shaƙe matata, alamar cuta mai gudu, nasa C0, na kuma gode wa Allah da haka. Sai T, wato yawan bututun da suka shanye da naman da ya zama tabo. Ƙasa da kashi 26 cikin 100 shi ne T0, daga nan zuwa 50 T1, sama da haka T2. Nasa kusan kashi 30. A cikin haruffan nan T ya fi kowanne faɗin inda ƙoda za ta ƙare, kuma shi ne wanda babu maganin da ke mayar da shi. Da nake kallon wannan shuɗin tabon a madubi, shekara ukun nan nake gani, waɗanda ya yi yana jin lafiyarsa ƙalau.

Magani

Na gaya masa yadda abin yake. Cutar ba ta warkewa gaba ɗaya, tafiyarta ake ragewa. An daɗe ana cewa tsakanin kashi 20 zuwa 40 cikin 100 na masu ita ƙodarsu kan gaza cikin shekara 20, kuma bayanan da aka fitar daga rajistar marasa lafiya ta Birtaniya a 2023 sun nuna cewa ko masu furotin ƙasa da giram guda, waɗanda a da ake ganin sun tsira, da yawansu ba su tsira ba. Ga mai shekara 26, shekara 20 ba nisa ba ne. Ya yi shiru, sannan ya ce, "To yanzu me zan yi?"

Muka fara da losatan, muka riƙa ƙarawa har miligiram 100, ana duba kiratinin da fotasiyam mako ɗaya zuwa biyu bayan kowane ƙari. Sai da na nanata masa cewa ba don hawan jini kaɗai ba ne, maganin yana rage matsi a cikin matatar kanta, don haka ko jininsa ya sauka kada ya daina. Gishiri kada ya wuce giram 5 a rana. Magungunan ciwon jiki irin su ibufurofen da dikulofenak ya rabu da su, haka duk wani haɗi da ba a san abin da ke cikinsa ba. Bayan wata uku jini ya sauka zuwa 122 bisa 76, furotin giram 1.3. Muka ƙara dafagiliflozin miligiram 10, maganin da aka fara yi don ciwon sukari, sai binciken DAPA-CKD, wanda masu cutar IgA 270 ke ciki, ya nuna yana kare ƙoda ko ba sukari. A wata na shida furotin ya tsaya a giram guda, ya ƙi sauka.

A nan ne shawara ta yi wuya, kuma na daɗe ina juya ta. Binciken STOP-IgAN da aka yi a Jamus aka wallafa a 2015 ya nuna ƙara magungunan danne garkuwa a kan kulawa mai kyau bai hana aikin ƙoda raguwa ba, sai ƙarin illa. Binciken TESTING, wanda mafi yawan mutanensa daga Sin suke, sai da aka dakatar da shi saboda cututtuka masu tsanani da suka kama masu shan sitiroyid, wani maganin danne garkuwa, mai yawa, har da rasa rai. Da aka ci gaba da shi da ƙaramin awo, sakamakon 2022 ya nuna amfanin yana nan, illar ta ragu. Akwai sababbin magunguna: budesonayid da aka ƙera don ya narke a ƙarshen ƙaramin hanji, inda ake kyautata zaton can ake ƙera mafi yawan IgA mai naƙasa, wanda hukumar magunguna ta Amurka ta amince da shi a Disamba 2021, sai sifasentan, mai rage zubar furotin, a Fabrairu 2023. Da hannunsa zai kai gare su da na fara da budesonayid ɗin, amma ba su samu ba. Ma'aunin Oksfod kuwa an gina shi ne don hasashen gaba, ba don zaɓar magani ba, don haka ban yarda haruffan su yanke mana hukunci ba. Abin da na auna shi ne: matashi ne, ba sukari, ba ƙiba, tacewarsa har yanzu tana da sauran ƙarfi, jinin fitsarin bai tsaya ba, ga furotin ya kafe. Na shimfiɗa masa duka, amfani da haɗari, na ba shi mako guda. Ya dawo ya ce a gwada.

Muka duba shi tarin fuka, muka sake duba ciwon hanta na B, sannan ya fara sitiroyid mai suna metilfuredinisolon, miligiram 0.4 a kowane kilo na nauyinsa, tare da maganin kariya daga wani ciwon huhu da kan kama masu raunin garkuwa. Wata biyu a haka, sannan ragi wata-wata. Bai ji daɗinsa ba. Kumatunsa suka ciko, barci ya ƙaurace masa, ƙuraje suka fito masa a baya, ya ƙara kilo biyar. A wata na uku ya zo ya ce zai daina, mutane sun dame shi da tambayar me ya same shi. Na nuna masa takardar ranar: giram 0.6. Na kuma gargaɗe shi cewa ba a yanke wannan magani kwatsam. Ya ninke takardar ya sa a aljihu, ya ci gaba.

Yanzu wata 18 ke nan da bayofsi. Ya gama sitiroyid, fuskarsa ta koma yadda take. Furotin giram 0.4, tacewa 66, ta ɗan sauka a farkon shan magungunan kamar yadda ake sa rai, sannan ta tsaya. Ban ce masa an gama ba, domin furotin kan dawo bayan an daina sitiroyid, kuma ko dashen ƙoda aka yi wa mai wannan cuta tana iya komawa cikin sabuwar. Duk wata uku zai riƙa zuwa.

Watan jiya ya zo ba ranarsa ba. Mura ta kama shi, da safe fitsari ya yi duhu, kafin azahar yana bakin ƙofata da kwalba a hannu. Kiratinin bai motsa ba. Na ce ya sha ruwa sosai, kada ya taɓa maganin ciwon jiki sai farasitamol, ya dawo bayan kwana biyar a sake aunawa ko da fitsarin ya washe. Ya washe a rana ta uku. A rana ta biyar ya dawo.